Zuwa ga mai bes na Tudun Wada: aikin Abuja da waƙar da aka ci da guminka

Wasiƙar wannan makon daga Jos ta fito. Na taƙaita ta, na kuma cire sunaye.

"Kawu, barka da aiki. Shekarata 28. Jitar bes, wato mai kaurin sauti, nake kaɗawa, a coci na koya tun ina sakandare, kuma ina waƙa. Ni da abokaina uku muna da ƙungiyar kiɗan rok, muna rera namu waƙoƙin da Hausa da Turanci. Shekara biyar ke nan ana yaba mana, amma ko kuɗin tsirkiya ba ma mayarwa. Da kiɗan biki da na situdiyo nake ci. Bara wani furodusa ya kira ni, ya ba ni naira 15,000 in sa wa wata waƙa bes. Bai tsara mini komai ba, ni na ƙirƙiro bugun da kaina. Yau waƙar ta cika gari, bugun nan nawa shi yara ke bi da baki, amma ko sunana babu. Yanzu wani mawaƙi a Abuja yana so in shiga ƙungiyarsa a kan albashi, in riƙa yi masa bes da amshi, in yi aikin situdiyo a gefe. Abokaina sun ce in na tafi na ci amana, na zama ɗan jinga. Ga shi ina neman aure, mahaifin yarinyar ya tambayi sana'ata, da aka faɗa masa sai ya yi shiru. Kawu, in tafi in ɓoye muryata a bayan wani, ko in zauna?"

Ɗana, ka tafi. Na sa amsar a gaba ne don kada ka karanta sauran da faɗuwar gaba. Sai dai tafiyar tana da sharaɗi, kuma sharaɗin yana cikin labarin naira 15,000 ɗin nan, wanda na lura ya fi komai ci maka rai ko da yake a tsakiyar wasiƙa ka cusa shi.

Mu fara sallamar maganar abokanka, don ita ce mai sauƙi. Kaɗa wa wani a biya ka ba faɗuwa ba ce. Sana'a ce mai tarihi, kuma a kiɗan rok ɗin da kuke taƙama da shi ma haka abin yake. John Paul Jones, mai bes na ƙungiyar rok ta Ingila Led Zeppelin, ya yi shekaru yana yawo daga wannan situdiyo zuwa wancan a Landan, yana kaɗa wa duk wanda ya biya, yana tsara wa mutane kiɗa. Jimmy Page, da suka kafa ƙungiyar tare a 1968, shi ma aikin da ya yi ke nan. A ganina abin da ya sa suka fito da ƙarfinsu tun faifan farko shi ne mutum biyu a cikinsu sun riga sun ƙoshi da sanin situdiyo a kan kuɗin wasu. Darryl Jones kuwa ya karɓi bes na ƙungiyar Rolling Stones a 1993 bayan Bill Wyman ya ajiye. Ya zagaya duniya da su shekara da shekaru ba tare da an sa shi cikin mambobin ƙungiyar ba. Ma'aikaci ne, biyansa ake yi. Kafin nan ya kaɗa wa Miles Davis da Sting. A nan gida ma Musa Ɗanƙwairo da amshi ya fara a ƙungiyar mahaifinsa kafin ya zama wanda sarakuna ke ji da shi, kuma waƙar Mamman Shata a kan kalangan makaɗansa take tafiya. Ɗan Maraya na garinku ne ya iya tsayawa fili shi kaɗai da kuntiginsa. Kai kanka ka san bes ba kuntigi ba ne. Tun da maƙerin jita Leo Fender ya fito da nasa na lantarki a 1951, aikin bes shi ne ya ɗaure ganga da sauran kiɗa, ba ya tsaya shi kaɗai ba.

Amma akwai abin tsoro a wannan hanya, sai dai ba shi abokanka suka nuna maka ba.

James Jamerson shi ya kaɗa bes a yawancin fitattun waƙoƙin kamfanin Motown na Detroit a shekarun 1960. Duk mai rataye da jitar bes yau, ya sani ko bai sani ba, gadonsa yake ci. Kamfanin bai fara rubuta sunayen makaɗansa a jikin faifai ba sai a 1971, a wani faifan Marvin Gaye. A 1972 kamfanin ya tattara ya koma Los Angeles, Jamerson ya bi, aiki ya riƙa ja baya, giya ta kama shi, ya rasu a 1983 yana da shekara 47. Sai a 2000 aka sa sunansa a zauren karrama gwanayen rok na Amurka. Labari na biyu ya fi kama da naka. Herbie Flowers, Baturen Ingila, shi ya ƙirƙiro bugun bes ɗin da ya ɗauki wata shahararriyar waƙar Lou Reed ta 1972 a ka. Ya ɗora na lantarki a kan babban bes na katako, sautin ya zama shi ne abin da kowa ke gane waƙar da shi. Ladan zama aka ba shi ya tafi gida. Da wasu mawaƙan hip-hop na New York suka ɗauki bugun suka gina tasu waƙar a 1990, wurin Lou Reed aka je neman izini, shi aka biya. Ka ga abin da ya same ka ba sabo ba ne, kuma ba don an raina Jos ba ne.

A kowace waƙa da aka naɗa akwai dukiya iri biyu. Akwai waƙar kanta, wato baitoci da karin da aka ƙirƙira. Wannan ta wanda ya tsara ce, ko waɗanda suka tsara. Akwai kuma naɗin, wato sautin da aka ɗauka a ranar. Wannan galibi na wanda ya ɗauki nauyin aikin ne, kamfani ko furodusa ko mawaƙin. Makaɗin da aka kira ya kaɗa abin da aka riga aka tsara masa, hannunsa da lokacinsa ya sayar, an biya shi an rabu lafiya. Tela ne da aka kawo wa yadi da samfuri: ya ɗinka, ya karɓi ladansa, ba shi da ta cewa in rigar ta yi suna a wurin biki. In kuwa aka ajiye masa yadi aka ce "yi yadda ka gani", ya zauna ya fitar da sabon yayi har gari ya ɗauka, to ya ba da abin da ya wuce ɗinki. Kai na biyun ka yi, aka biya ka kuɗin na farko.

Dokar haƙƙin mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a watan Maris na 2023, ta san da mai ƙirƙira, ta kuma san da wanda ya kaɗa ko ya rera. Haƙƙin yana tabbata ne da zarar an ƙirƙiri abu an adana shi, ba sai an yi rajista ba. A dokar kuma, mallaka wa wani haƙƙinka ɗungurungum ba ya yiwuwa sai a rubuce. Tunda ba ku rubuta komai ba, wannan hujja ce a hannunka. Abin da zai kawo maka cikas shi ne al'adar sana'ar. An saba ɗaukar bugun bes a matsayin ado da aka yi wa waƙa, ba tsara ta ba, kuma furodusan zai ce ka karɓi kuɗi ka tafi da yardarka. Raba ado da tsari aikin lauya ne da alƙali, shari'a kuwa tana cin kuɗi tana cin shekaru, kai kuma aure kake nema.

Da ni ne, sai in fara tattara abin da ke hannuna: saƙonnin da kuka yi da shi, alat ɗin banki na ranar, sunayen waɗanda suke ɗakin suka ga babu wanda ya faɗa maka abin da za ka kaɗa, da duk wani ɗan naɗi da ya rage a wayarka. Sannan in je wurinsa da wani babba da yake jin nauyinsa. Ka nemi abu biyu, suna da kaso. Sunan ka nema da ƙarfi, kason da lalama. Ƙara sunanka a bayanan waƙar a manhajojin saurare ba ya rage masa ko kwabo, saƙo ne zai tura wa masu rarraba masa waƙa, don haka in ya ƙi, ƙeta ce kawai. Kuma sunan nan shi zai kawo maka aiki na gaba: a Abuja in ka ce kai ne mai bes ɗin waƙa kaza, akwai inda za a duba a gani. Kason kuwa, in ya ba da kaɗan ka karɓa, a rubuta. In ya rufe ƙofa gaba ɗaya, ka sami lauyan da ya san wannan fanni ya duba maka ko abin ya kai a rubuta masa takarda. Hukumar Kare Haƙƙin Mallaka ta Najeriya, NCC, ma hedkwatarta a Abuja take. Abin da ba na so shi ne ka hau Facebook ka yi tonon silili. Za ka huce na kwana biyu, amma makaɗan Jos da na Abuja da furodusoshinsu duk sun san juna, kuma babu mai son kiran wanda ake tsoron zai kai shi kasuwa, ko da gaskiyarsa ce.

Wanda ya wuce ya wuce. Daga yau, kafin ka jona waya a amfilifaya, ka yi tambaya ɗaya: "Oga, kana da abin da kake so in kaɗa, ko ni zan nemo?" In yana da shi, ku yi cinikin zama, ka kaɗa, ka karɓi kuɗinka, ka cire ranka daga waƙar ko da za ta kai Amurka. In kai za ka nemo, sai ka ce, "To mu yi maganar suna da kaso tun yanzu." Takardar ba wata aba ba ce: sunan waƙa, kwanan wata, sunayen waɗanda suka tsara, kason kowa cikin ɗari, sa hannu. In kunya ta hana ka fito da biro, ka tura masa saƙon WhatsApp da abin da kuka yi, ka jira ya amsa kafin ka fara. Wasu za su ce ba sa ba mai bes kaso. Ba laifi, sai ka ɗaga farashi, tunda ƙirƙira ake saya ba hannu kaɗai ba. Ko wanne ka zaɓa daidai ne muddin da saninka ka zaɓa. Ka karɓi kafin alƙalami, ka karɓi ciko kafin ka rataya jita ka fita. "Zan tura maka anjima" ta cinye makaɗa da yawa. Waƙoƙinka na kanka kuma ka yi musu rajista da ƙungiyar tattara kuɗin haƙƙi irin MCSN, ko da yanzu ba ka ganin abin da zai shigo.

Sai maganar ko za ka iya aikin. Yabon da ake maka a Jos a kan rok ba shi ake saye a Abuja ba. A dare ɗaya a gidan biki ko otal za a nemi hailaif, a nemi rege, a nemi makosa, a nemi sabuwar waƙar Legas da ta fito makon jiya, sannan uwar amarya ta aiko a yi mata ta Hausa. Tarbiyyar coci za ta cece ka a nan, don wanda ya saba bin mai jan waƙa da ya ɗauko ta a muryar da ba a yi gwaji da ita ba, yana jin mai fiyano na raɗa masa "fa, so, la", ya riga ya sami rabin makaranta. Sauran rabin shi ne zuwa a kan lokaci. Carol Kaye, wadda aka ƙiyasta ta kaɗa a naɗi kusan 10,000 a Los Angeles, da jita ta fara. A 1963 mai bes ya ƙi zuwa wani aiki, aka miƙa mata, daga nan kujerar ta zama tata. Da John Entwistle, mai bes na ƙungiyar The Who, ya rasu a watan Yuni na 2002, ana gobe za su fara zagayen Amurka, Pino Palladino aka kira, cikin 'yan kwanaki yana kan dandamali. Ba don ya fi kowa gudun yatsa aka kira shi ba. An san zai koyi waƙoƙin, zai zo, ba zai kawo rigima ba.

Ka kuma san da wa kake takara. Ba ɗan'uwanka mai bes ba ne, kwamfuta ce. Yawancin waƙoƙin Hausa na zamani a kan fiyano ake gina su, hannun hagu ya wadatar. Na Legas kuma a 'yan shekarun nan sautin gangar amapiano ta Afirka ta Kudu ya cinye wurin da bes ke zama. Furodusan da ya kira mutum mai rai alhali yana da wannan duka a kyauta, abin da na'ura ba ta iyawa yake nema: ɗan jinkiri a inda ya dace, zamewar yatsa, sanin inda za a yi shiru. Matasan masu bes sun cika son cika ko'ina da bugu don a san suna nan. A situdiyo wanda ya rage shi ake sake kira. Wani abu kuma da ba a cika faɗa ba: tsirkiyarka mafi kauri tana kaɗawa kusan sau 41 a daƙiƙa, ta biyar ɗin da 'yan coci ke so ta fi haka ƙasa, ƙaramar sifikar waya kuwa ba ta iya fitar da wannan. Mutanenmu a waya suke sauraro. In ba ka bar wa sautinka ɗan kaifi a tsakiya ba, za ka kaɗa abin mamaki, mai sauraro a Bukuru bai ji komai ba. Duk abin da ka naɗa ka saurare shi a waya kafin ka ce ya yi.

Yanzu muryarka, wadda ita ce ainihin abin da ke hana ka barci. Mai bes da ke waƙa ba shi da yawa, saboda hannu na tafiya da nasa bugun, baki na tafiya da nasa, sau da yawa suna saɓawa. Waɗanda suka iya an san su: Paul McCartney, wanda ya zo Legas a 1973 ya naɗi faifai a situdiyon EMI, da Sting, da Phil Lynott na Thin Lizzy, da Richard Bona na Kamaru, wanda ya kaɗa wa manya da dama kafin duniya ta san shi da nasa faifan. Kana da abu biyu a jiki ɗaya, kuma mawaƙin Abujan ya sani, shi ya sa ya ce bes da amshi. Kujera ɗaya a mota, ɗaki ɗaya a otal, aikin mutum biyu. Kada ka ba da amshin a kyauta kamar gyara.

Ba na tsoron mutumin nan zai danne maka murya. Tsayawa bayan mawaƙi kowane mako kana kallon yadda yake jan taro, inda yake numfashi, yadda yake ceto waƙar da ta fara mutuwa, karatu ne da ake biyanka ka yi. Abin da nake tsoro gajiya ce da jin daɗin albashi. Za ka dawo ƙarfe uku na dare, ka yi barci har azahar, ka ce gobe zan rubuta waƙa, goben ta zama shekara shida. Na ga masu baiwa da yawa da suka narke a haka, babu wanda ya zalunce su. Maganinsa ba ƙarfin zuciya ba ne, rana ce a kalanda da kuɗin da aka riga aka biya. Ka ware wani kaso na kowane albashi da ba ka taɓawa, ka kama ranar situdiyo tun da wuri ka biya rabi, yadda in ba ka zo da waƙa ba kuɗinka ne zai ƙone.

A nan abokanka suka shigo. Ka zauna da su kafin ka amsa wa Abuja, kada su ji a bakin wani. Ka faɗa musu gaskiyar da kowannenku ya sani: shekara biyar ƙungiyar ba ta ciyar da ko mutum ɗaya ba. Ba laifin kiɗanku ba ne. Rok ya taɓa yin kasuwa a ƙasar nan a shekarun 1970, zamanin ƙungiyoyin BLO da Ofege da Funkees, kuma ko a lokacin mutane sun yi ta motsi: Mike Odumosu, mai bes na BLO, ya koma ƙungiyar Osibisa, Laolu Akins mai gangarsu ya zama babban furodusa. Yau masu sauraron rok a Najeriya 'yan kaɗan ne masu amana, ba su isa su biya hayar gida huɗu ba. Jos ta saba renon gwanaye su tafi. P-Square da M.I da Jesse Jagz da Ice Prince duk daga nan suka ɗaga. Mawaƙin bishara Panam Percy Paul ya zauna, amma shi ya gina abin da zai riƙe shi a garin. Kai ba Legas za ka ba ma. Ta Akwanga da Keffi tafiyar rabin yini ce. Ka ba su tayi mai kama hannu: kuɗin da za ka ware ya tafi naɗin waƙoƙin ƙungiya, ka riƙa zuwa a ranakun da kuka tsayar, ka nemo musu yaron da zai riƙe bes a ƙananan wasanni, kai da kanka ka koya masa. Ku kuma rubuta wa ya tsara wace waƙa, wa ke da wane kaya, wa ke da ikon amfani da sunan ƙungiya, tun kuna shiri. Wanda ya ji wannan duka ya ce har yanzu ka ci amana, to tsoron a bar shi ne ke magana, ka yi masa uzuri, amma kada ka fasa.

Abu biyu game da jikinka, a gurguje. Mai bes kusa da mai ganga yake tsayawa, fayafayan ƙarfen nan a saitin kunnensa. Masana sun sa iyakar ƙarar da kunne zai jure a desibel 85 (ma'aunin ƙarfin sauti) na awa takwas, dandamali kuwa yakan wuce 100, kuma jin da ya tafi ba ya dawowa. Ka sayi abin toshe kunne na makaɗa. Na biyu, kai da ke riƙe da tsirkiyar ƙarfe kana kai leɓe ga makirfo, a wuraren da ake jona kaya da janareto yadda aka ga dama, ka fi kowa shiga haɗarin lantarki. Leslie Harvey, mai jita na Stone the Crows, a kan dandamali ya mutu a Swansea a 1972, makirfo ne ya ja shi. In ka ji ɗan cizo a leɓe lokacin gwajin sauti, ka ajiye jita har sai an gyara, ko wa zai yi fushi. Giyar kyauta da ake miƙo wa makaɗa kuma, na riga na ba ka labarin Jamerson.

To, sharaɗin tafiya. Kafin ka shiga mota, mutumin nan ya rubuta maka abin da kuka yi. Albashin nawa ne, ranar nawa ga wata, kuma wasa nawa ya ƙunsa. In an wuce, nawa ne kowane ƙari. Gwaji ana biya ko yana ciki. Kuɗin amshi daban. In an yi liƙi, yaya ake rabawa, don wannan kaɗai ya tarwatsa ƙungiyoyi. Watannin da kasuwa ke mutuwa, kamar Janairu da lokacin azumi, albashin yana nan ko sai an yi wasa. Aikin situdiyon da ya ce ka yi a gefe, a rubuta cewa kana da izini, kuma in shi ne ya shiga situdiyo da kai, wannan ciniki ne daban da tambayar nan da na koya maka. Sai wurin kwana da mota, waɗanda su ne ke cinye albashin Abuja. Wasan a Wuse II ko Maitama ake yi, amma kuɗinka Nyanya ko Mararaba ko Kubwa zai kai ka, hayar kuma ta shekara ake nema a dunƙule. Wanda ya tashi aiki tsakar dare da jita a baya ba ya tsayawa bakin titi yana tare motar da bai sani ba, a garin da 'yan wan-cans ke yawo. Ko ya kai ku gida, ko ya biya kuɗin motar kirki. Ka ce wata uku na gwaji ne ga kowa, kada ka saki ɗakinka na Jos sai sun cika. In ya ce "haba, ai mu 'yan'uwa ne, mene ne na takarda", ka gode masa, ka ce za ka riƙa zuwa ana biyanka wasa-wasa har ku san juna. Wanda zai biya ba ya gudun rubutawa.

Surukinka kuma kada ka ga baƙinsa. Ya taso a inda ake haɗa makaɗi da roƙo da yawon dare, shirunsa tambaya ce: me 'yata za ta ci, kuma ina mijinta zai kwana? Kada ka je kana yi masa bayanin Led Zeppelin. Ka bari wata ukun nan su cika, sannan manyanka su koma da abin da dattijo ke ganewa: ga wanda yake yi wa aiki, ga takarda, ga abin da ke shigowa duk wata, ga abin da ya tara, ga yaran da yake koya wa jita da rana ana biyansa. Koyarwar nan ka fara ta da gaske, don ita ce za ta riƙe ka ranar da mawaƙin ya canza ra'ayi. Ita kuma yarinyar, ka gaya mata tun yanzu cewa daren Juma'a da na Asabar da kusan dukan Disamba ba za ta riƙa ganinka a gida ba, ka bar ta ta yi nata lissafin kafin a kai kuɗin gaisuwa.